Ba Yaƙi Ne Ya Ja Kunamar Bindigar Ba

A shirin da nake gabatarwa a gidan rediyo kowace Asabar da daddare, mukan ware rabin sa'ar ƙarshe don hira a kan fina-finai. Yawanci na Kano ne ko na Indiya, jefi-jefi mu leƙa wasu ƙasashe. Wata Asabar na ɗauko wani fim ɗin talabijin na Jamus da abokin aikina ya zuba mini a kwamfuta da fassarar Faransanci, na ba masu sauraro labarinsa a taƙaice, sannan na buɗe layi. Cikin waɗanda suka kira har da wani dattijo, tsohon soja, wanda daga jin muryarsa ka san ya ga jiya ya ga yau. Ya ce shi bai ga laifin samarin da ke cikin labarin ba, domin soja ba shi da ta cewa, abin da na gaba ya faɗa shi ke nan, kuma wanda bai taɓa sa kaki ba bai kamata ya sa baki ba. Na ce, Baba, na gode. Lokaci ya ƙure, na saki kiɗan rufe shiri.

Tun daga daren nan amsar da ban ba shi ba take cina, shi ya sa na zauna na rubuta ta. Rigimata da fim ɗin ce, domin shi ya ɗana tarkon da ya kama Baba, ni ma kuma saura ƙiris ya kama ni.

Sunan fim ɗin Unsere Mütter, unsere Väter, wato Iyayenmu Mata, Iyayenmu Maza. A wajen Jamus an fi saninsa da Generation War. Tashar ZDF ce ta nuna shi a watan Maris na 2013, kashi uku, kowanne kimanin minti 90. Stefan Kolditz ya rubuta labarin, Philipp Kadelbach ya ba da umarni, Nico Hofmann ya shirya. Mutum wajen miliyan 7 suka kalli kowane kashi a Jamus, a 2014 kuma ya ci kyautar Emmy ta ƙasa da ƙasa.

Labarin abokai biyar ne a birnin Berlin, a tsakiyar 1941, ana gab da afka wa Tarayyar Sobiyet. Wilhelm laftana ne. Ƙanensa Friedhelm kurtu ne a ƙarƙashinsa, yaro mai son karatu da ƙin yaƙi. Charlotte za ta tafi aikin jinya a asibitin soja. Greta tana mafarkin zama mawaƙiya, saurayinta Viktor kuma Bayahude ne, ɗan tela. Sun yi rawa, sun ɗauki hoto tare, sun yi alkawarin haɗuwa a bikin Kirsimeti, a zatonsu kafin nan an gama da Rasha. Sai bayan shekara huɗu uku daga cikinsu suka sake haɗuwa a kangon mashayar da suka rabu.

Bari in fara da ba fim ɗin haƙƙinsa. An iya aiki, 'yan wasan sun yi bajinta, kuma bai ɓoye cewa sojan Jamus ya yi ta'asa ba. Mun ga Wilhelm ya kai wani fursuna cikin daji, jami'in siyasa na rundunar Sobiyet, ya harbe shi bisa umarni. Mun ga Friedhelm ya kawo shawarar a sa mutanen ƙauye a gaba su taka fadamar da aka binne nakiyoyi a ciki. Mun ga Charlotte ta tona asirin wata Bayahudiya da ke taya ta aiki a asibiti. A ƙasar da aka shafe shekaru ana cewa 'yan SS ne kawai suka yi ɓarna, sojan ƙasa hannunsa fes, wannan ba ƙaramin abu ba ne. Ko bayan da wata cibiyar bincike a Hamburg ta fara baje kolin hotunan laifuffukan rundunar a 1995, sai da aka yi ta zanga-zanga da tayar da jijiyar wuya.

To ina matsalar? Tana cikin darasin da fim ɗin ke ɗora ka a kai tun daga farkonsa. An sa a bakin Friedhelm cewa yaƙin nan zai fito da mafi munin abin da ke cikinsu, sauran sa'o'i huɗu da rabi kuma hujja ce ta wannan magana. Yara nagari suka shiga, yaƙi ya niƙa su, suka fito a lalace. Idan ka yarda da haka, ka yarda ke nan cewa yaƙi wani abu ne kamar ambaliya ko fari, ya sauko wa kowa, mai harbi da wanda aka harba duk abin tausayi ne. Ni kuwa ban yarda ba, ga kuma dalilaina.

Na farko, farin da aka shafa wa abokan nan tun daga farawa ba na zamaninsu ba ne. Wanda yake da shekara ashirin a 1941, yana ɗan goma sha biyu Hitila ya hau mulki a 1933. A makarantar 'yan Nazi ya yi karatu, ƙungiyar matasan Hitila ta zama dole a kansa, yana saurayi aka kafa dokokin Nuremberg na 1935 da suka haramta aure tsakanin Bajamushe da Bayahude, da idonsa ya ga an ƙone wuraren ibadar Yahudawa a daren 9 ga Nuwamba 1938. Wannan shi ne rukunin da ya fi kowane shan akidar ya ƙoshi. Amma a cikin biyar ɗin nan babu ko ɗaya da za ka kira ɗan gani-kashe-nin Hitila, suna ta rawa da abokinsu Bayahude kamar ba a Berlin ta 1941 suke ba. Ban ce ba a taɓa samun irinsu ba. Amma sunan fim ɗin ya yi iƙirari babba, ya ce waɗannan su ne iyayenmu. Masanin tarihi Ulrich Herbert ya lura da wannan tun a makon da aka nuna shi, inda ya ce a fim ɗin kullum wasu ne daban 'yan Nazi. Miliyoyin da suka cika filaye suna ɗaga hannu, iyayen wa ne?

Na biyu, dubi inda aka ajiye mugunta tsantsa. Akwai wani jami'in hukumar tsaro ta SD da ya harbe wata yarinya Bayahudiya a gaban Wilhelm, bayan Wilhelm ya nemi a bar ta. Akwai Dorn, jami'in 'yan sandan ciki, wanda ya yi lalata da Greta ya yaudare ta. Akwai wani saje azzalumi a bataliyar horo. Su ne masu kashewa da sanyin rai. Namu kuwa in sun yi kisa sai ka ga fuska ta ɓaci, ido ya kawo ruwa, kiɗa ya yi laushi. Hausawa kan ce ba a mugun sarki sai mugun bafade, a wanke na sama a ɗora wa na kusa da shi. Fim ɗin nan irin wankin ya yi, sai dai shi sojan ƙasa ya wanke, ya ɗora wa mai wani kakin.

Tarihi bai goyi bayan wannan rabon ba. Umarnin da Wilhelm ya bi wajen harbe fursunan nan yana da ranar haihuwa, 6 ga Yuni 1941, kuma daga babbar hedikwatar soja ya fito, tun kafin a harba harsashi ɗaya a kan iyakar Sobiyet ranar 22 ga Yuni. Kafin shi, ranar 13 ga Mayu, Wilhelm Keitel ya sa hannu a wata doka da ta ɗauke wa kotunan soja wajibcin hukunta sojan da ya zalunci farar hula a gabas. Ranar 29 da 30 ga Satumba aka harbe Yahudawa 33,771 a kwarin Babi Yar da ke Kiev, da haɗin kan hukumomin soja na birnin. Kwana goma bayan haka kwamandan Runduna ta 6, Walter von Reichenau, ya fitar da takarda yana neman sojojinsa su fahimci wajibcin tsananta wa Yahudawa. Cikin fursunonin yaƙi na Sobiyet kimanin miliyan 5.7, sama da miliyan 3 sun mutu, mafi yawansu da yunwa da sanyi da cuta, kuma a hannun rundunar soja suke. Duk wannan ba zafin fagen daga ne ya kawo shi ba. Hafsoshi ne masu ilimi suka zauna a ofis, suka tsara, suka buga, suka rarraba. A fim ɗin kuwa umarni yakan iso ne kamar iska, kyaftin ya faɗa yana ɗan jin nauyi, ba ka ganin janar ɗin da ya rubuta shi balle ka tuhume shi.

Na uku shi ne wanda ya fi shafar maganar Baba. Shin da gaske soja ba shi da zaɓi?

A watan Oktoba na 1941, a Belarus, Manjo Alfred Commichau, kwamandan bataliya ta farko a rejimanti ta 691, ya umarci kwamandojin kamfanoninsa uku da su kashe Yahudawan da ke yankunansu. Umarni ɗaya, runduna ɗaya, mako ɗaya. Hermann Kuhls ya zartar nan take. Friedrich Nöll ya yi ta jan ƙafa, daga baya ya miƙa wa babban sajensa aikin, aka harbe mutum sama da ɗari a ƙauyen Krucha, har da mata da yara. Na ukun, Josef Sibille, malamin makaranta ne kafin yaƙi. Ya ce ba zai yi ba. Manjo ya matsa masa, ya tsaya a kan bakansa. Me ya same shi? Ba a harbe shi ba, ba a kai shi kotun soja ba, ya ga ƙarshen yaƙin da ransa.

Ga wani. Ranar 13 ga Yuli 1942, a garin Józefów na ƙasar Polan, Manjo Wilhelm Trapp ya tara bataliyar 'yan sanda ta 101, mutum kusan 500, yawancinsu magidanta daga Hamburg. Ya gaya musu aikin da ke gabansu, ya kuma ba da dama ga wanda ba zai iya ba ya fito. Kimanin mutum goma sha biyu suka fito. Sauran suka harbe Yahudawa wajen 1,500 a yinin nan. Christopher Browning ya bi diddigin wannan bataliya a littafinsa na 1992, ya nuna cewa abin da ya riƙe mafi yawansu shi ne kunyar idon abokai, kada a ce da mutum rago, sai neman girma, sai ƙiyayyar da aka riga aka dasa musu. Bayan yaƙi, lauyoyin waɗanda aka gurfanar sun yi ta neman misali ko guda na wanda aka kashe don ya ƙi harbin farar hula. Masu bincike sun tona, ba su samu tabbatacce ba. Hatta dokar soja ta Jamus da ke aiki a lokacin, a sashe na 47, ta ce na ƙasa yana da laifi idan ya san umarnin da aka ba shi na aikata laifi ne.

Kada a ce na sauƙaƙa abin. Kotunan sojan Hitila sun yanke hukuncin kisa kusan 30,000, an zartar da wajen 20,000, galibi a kan masu gudun yaƙi. Saje Anton Schmid, mutumin Vienna, ya ceci Yahudawa da dama a Vilnius, aka harbe shi ranar 13 ga Afrilu 1942. Tserewa da taimakon wanda ake farauta suna iya cin ran mutum. Amma tsakanin jarumtar Schmid da biyayyar Kuhls akwai fili mai faɗi, filin da Sibille ya tsaya, na wanda kawai ya ce ba da hannuna ba. Wannan filin ne fim ɗin ya share. Ya bar mai kallo da hanya biyu, ko ka harba ko a harbe ka, don ya tashi yana cewa ni ma da haka zan yi.

Ka kuma lura da lokacin da zuciyar Wilhelm ta farka sosai. An kashe yarinya a gabansa, ya ji zafi, ya ci gaba da aiki. Ya harbe fursuna, ya ci gaba da aiki. Sai a 1943, a yaƙin Kursk, da aka ƙarar da yaransa wajen ƙwace wata tashar sadarwa marar amfani, sannan ya ajiye bindiga ya gudu. Jinin Jamusawa ne ya tashe shi. Friedhelm kuwa, bayan duk rataye da harbin da ya yi, an ba shi mutuwa mai kama da kaffara, ya tunkari bindigogin Rasha shi kaɗai don yaran da ke tare da shi su ga aya su miƙa wuya. Mun san mahaifinsa, mun san mahaifiyarsa, mun san littattafan da yake so. Fursunan da aka harba a daji fa, wa ya ga gidansu? Viktor ya tsere daga jirgin ƙasa a hanya, don haka kyamara ba ta taɓa shiga sansanin da jirgin ya nufa ba.

Na huɗu, fim ɗin ya fara a 1941, kamar a nan ne aka fara ɓaci. Wilhelm hafsa ne a rundunar da ta riga ta ci Polan a 1939 da Faransa a 1940. A nan ne labarin ya taɓo mu. Faransa ta ɗebi sojoji daga duk yankunan da take mulka a Afirka ta Yamma, har da Nijar, ko da yake sunan Senegal aka laƙaba musu gaba ɗaya. A watan Mayu da Yuni na 1940 sojojin Jamus sun riƙa ware baƙaƙen fursunoni daga farare suna kashewa. A Chasselay, kusa da Lyon, ranar 19 da 20 ga Yuni, aka kora su fili aka buɗe musu wuta, maƙabartarsu tana nan har yau da jar katanga irin ginin ƙasashenmu. Ranar 7 ga Yuni a Airaines aka harbe Kyaftin Charles N'Tchoréré, ɗan Gabon, don ya nemi a ɗauke shi a matsayin hafsa kamar takwarorinsa farare. Masanin tarihi Raffael Scheck ya ƙiyasta waɗanda aka kashe ta wannan hanya tsakanin 1,500 da 3,000, kuma bai samu wani umarni na bai-ɗaya daga sama da ya ce a yi hakan ba. To a 1940 babu sanyin Rasha, babu yunwa, babu shekarun wahala da za a ce sun busar da zuciya. Nasara suke yi, cikin makonni shida suka gama. Me ya fito da mafi munin abin da ke cikinsu? Abin da suka taho da shi daga gida ne.

Na biyar, laifi tudu ne. Ƙiyayyar Yahudawa da ba a yarda a sa a bakin taurarin fim ba, an sa ta ƙarara a bakin 'yan sari-ka-noƙen Polan da Viktor ya faɗa hannunsu. Har akwai inda suka tare jirgin ƙasa, suka ga Yahudawa ne a kulle a taragai, suka juya abinsu. Ba na musun cewa an yi ƙyamar Yahudawa a Polan, abin da ya faru a Jedwabne a Yulin 1941 ya isa shaida. Amma a ƙasar ce aka kafa ƙungiyar ɓoye ta Żegota a 1942 don ceton Yahudawa, a lokacin da hukuncin ɓoye Bayahude kisa ne. Ƙasar ta rasa mutum kusan miliyan 6, rabinsu Yahudawa. A ce tashar gwamnatin ƙasar da ta mamaye su ce za ta nuna wa duniya su a haka, alhali 'ya'yanta biyar sun fito da tsabtar zuciya, wannan ƙarfin hali ne. Wani tsohon mayaƙi ya kai ƙara, a Disambar 2018 wata kotu a Kraków ta umarci masu fim ɗin su nemi afuwa.

Wani zai ce, malam, fim ne fa, ba littafin tarihi ba. Ni ma'aikacin rediyo ne, na san abin da labari ke yi wa kunne. Mutum nawa ne za su karanta Browning? Miliyan 7 kuwa sun zauna a falo tare da kakanninsu sun kalli wannan. An tallata shi a matsayin dama ta ƙarshe da iyali za su tambayi tsofaffinsu abin da suka yi a yaƙi, sai ga shi ya riga ya ba tsohon amsar da zai bayar: mu yara ne, an yaudare mu, mu ma mun sha wuya. Duk gaskiya ne, kuma duk bai amsa tambayar ba. Fim ɗin da ya musanta laifi gaba ɗaya yana da sauƙin kamawa. Wanda ya amsa laifin sannan ya narkar da shi cikin hawaye, shi ne mai wuyar sha'ani.

Yanzu in dawo gare ka, Baba. Na san ban taɓa sa kaki ba, ban taɓa kwana a rami ina jiran asuba ba, kuma ba na raina abin da ka gani. Na san runduna ba ta tsayuwa sai da biyayya, kuma mu ma an raine mu da cewa bin na gaba bin Allah ne. Amma ko waɗanda suka koya mana wannan magana ba su ce a bi na gaba a zubar da jinin yaro ba. Su kansu Jamusawa sun koyi darasin da tsada. Kotun Nuremberg ta kafu a kan ƙa'idar cewa umarnin na sama ba ya wanke mutum, iyakarsa a duba shi wajen sassauta hukunci. Keitel ya ce shi soja ne mai biyayya, aka rataye shi ranar 16 ga Oktoba 1946. Dokar sojan Jamus ta 1956 ta rubuta ɓaro-ɓaro cewa umarnin da bin sa zai zama aikata laifi, haramun ne a bi shi. A 2002 majalisar dokokinsu ta soke hukuncin da aka yanke wa waɗanda suka gudu daga rundunar Hitila, bayan sun shafe fiye da rabin ƙarni ana kiransu maciya amana. Ƙasar da ta kai nan a dokokinta bai dace talabijin ɗinta ya ja ta baya ba.

Ban ce kada a kalli fim ɗin ba. A kalla, amma da sunayen nan uku a zuciya: Kuhls, Nöll, Sibille. Yaƙi ɗaya suka yi, manjo ɗaya ya ba su umarni, kowa kuma ya zaɓi abin da ya zaɓa. Baba, layin yana nan a buɗe Asabar mai zuwa, kuma wannan karon ba zan bari lokaci ya ƙure mana ba.